Rawanin da Na Naɗa wa Baba Ras

Bashir, Nura, na san abin da ake gaya muku a Gusau idan an zauna hira aka ambaci sunana. Ana cewa a Masar na ɗauki rawanin malamai na naɗa wa wani mashayin wiwi, na kuma miƙa yayarku Rakiya ga 'yan fim. Rabin maganar gaskiya ne, shi ya sa ta ƙi mutuwa. Lokacin da abin ya faru kuna ƙanana, ba abin da ya dame ku sai ƙwallo a lungu da wanda zai cinye ƙarshen burodi. Yanzu kun tara gemu, ni kuma idona ya fara gardama da kafar allura, gara ku ji daga bakina tun ina da bakin faɗa.

Ba zan ɓata muku lokaci da yadda na je Alƙahira karatu ba, tallafi ya yanke, na koma kan keken ɗinki, na auri Innarku daga cikin Hausawan Sudan. Duk kun sani. Abin da nake so ku tuna shi ne a shagona na unguwar Ainu Shams aiki biyu nake yi. Na farko ɗinkin jabba da kaftani na ɗalibanmu, shi ke ciyar da mu. Na biyu ba a biyana ko sisi, amma shi na fi so. Duk ɗalibin da ya kammala karatu, jama'a kan haɗa masa walima, a yi karatu, a ci shinkafa, sannan a ce, "Ina Malam Sabo?" In tashi in naɗa masa rawani a gaban kowa. Ni ban samu takardar ba, amma babu wanda ya koma gida da ita sai da hannuna ya zagaya kansa. Ina jin daɗin wannan, ba na ɓoyewa. Da shi nake rarrashin kaina.

Baba Ras ya tare a ɗakin saman beninmu a shekarar da gari ya rikice, aka sauke shugaba, kowa ya zama mai gadin unguwarsa. Dogo ne, baƙi wuluk, ya girme ni, gashin dada ya sauko masa har ƙugu, ya yi furfura kamar igiyar rama. Ranar da na fara ganinsa a matakala na ce a raina, to, Allah Ya kawo mana jarraba. Na yi masa gaisuwar Larabci a taƙaice don in wuce, sai ya dube ni ya ce:

"Malam, ina gajiya? Yaya iyali?"

Saura kaɗan in rasa taki. Ashe mutumin arewacin Gana ne, sunansa Atinga, a zangon Kumasi ya tashi, Hausa a bakinsa kamar ruwa, sai dai irin tasu ta zango da ba ta damu da raba mace da namiji ba. Innarku ta sha dariya ranar da ya tambaye ni, "Uwargida ya tashi lafiya?" Ya baro gida tun yana saurayi da niyyar zuwa Habasha, ƙasar da 'yan Rasta suke ɗauka tasu ta alkawari. Guzuri ya ƙare masa a Alƙahira, ya tsaya ya ɗan nema, neman ya cinye masa fiye da rabin rayuwa. Da ya ba ni labarin sai na ga mun yi kama fiye da yadda nake so. Ba musulmi ba ne, bai kuma taɓa yi mini ƙaryar haka ba. Ba ya cin nama, ba ya sa gishiri, dafaffen waken da Misrawa ke kira ful ma lami yake cinsa yana santi. Batun wiwi kuwa, ban taɓa gani ba, ban taɓa jin wari a matakala ba, ban kuma hau sama na bincika ba. Iyakar shaidata ke nan.

Sana'arsa fim. Akwai wata gahawa, wato wurin shan shayi, a Wustul Balad, tsakiyar birnin, inda 'yan cika fage suke zama, waɗanda Misrawa ke kira kombars, suna jiran dillalin fim ya zo ya nuna su da yatsa. A nan ya fara, har ya kai ana ba shi magana. In kun taɓa ganin tsohon fim na Masar da baƙin mai gadi a ƙofar beni, ko baƙin bara riƙe da faranti, ko boka yana zare ido, to wataƙila shi ne. Ya ce mini da farko komai aka ba shi karɓa yake, ya tura gashinsa cikin hula ya yi. Daga baya ya kafa wa kansa doka: zai yi mai gadi, zai yi bara, don aiki ne na mutane masu mutunci, amma ba zai sake tsayawa a yi dariyar fatarsa ba. Dokar ta sa ya sha yunwa. Ta kuma sa ƙananan baƙaƙen da ke zama a gahawar suka fara cewa a'a su ma, abin da kafinsa ba a taɓa ji ba. A unguwa yara kan bi shi suna "Ammu Rasta!", wato Baffa Rasta, shi kuwa ya juyo ya yi musu wata irin gaisuwa ta sarakuna har ƙasa, su bushe da dariya, ya wuce abinsa kai a sama.

A shekarar da ta biyo baya ne Rakiya ta daina fita. Tana 'yan mata, ta kusa gama sakandare, a Ainu Shams aka haife ta, Larabcinta ya fi na masu tsokanarta. Tun tana ƙarama take jin "samara" da "shokolata", wato baƙa da cakulan, a titi, kamar yadda dukkanmu muke ji. Amma wata rana a hanyar makaranta wasu samari suka tare ta, ɗaya ya watsa mata ruwan kwata a fuska ya ce ta wanke, ko za ta yi haske. Mutane suna tsaye, wasu suna dariya. Ta dawo gida ta shiga ɗaki. Muka ce kwana biyu za ta ware, kwana biyu suka zama watanni. Makaranta ta tsaya. Ko baranda ba ta leƙawa. Innarku ta gano tana aiken Bashir ya sayo mata man bilicin a ɓoye, fuskarta ta yi dabbare-dabbare, abin ya ƙara mata kunyar fita. Na yi faɗa, na yi lallashi, na yi rubutu ta sha. Tana amsa mini da "To, Baba," da wata murya ƙarama da ban san ta da ita ba. Na ji tsoro ƙwarai, tsoron da ban taɓa ji ba ko ranar da ake harbi a bakin titinmu.

Innarku ta ce mini, "Ya Malam, yarinyar nan tana narkewa a gabanmu. Wallahi ko wa zai fito mini da ita, ba ruwana da addininsa."

Ba mu gaya wa Baba Ras komai ba, amma beni ba ya riƙe sirri. Wata rana da hantsi ya sauko da takardu a hannu, ya zauna a matakala daidai ƙofarmu, ya ƙi shiga. Ya ce wata matashiyar mai shirya fim, Ustaza Mona, ta ba shi babban matsayi, karon farko a rayuwarsa. Labarin wani tsohon malami ne da ya taso daga ƙasar Hausa zai je hajji ta ƙasa, ya maƙale a Alƙahira da jikarsa. Matsalarsa, in ji shi, yana jin Larabci amma karatunsa na ba shi wahala, yana neman mai karanta masa maganar jikar don ya haddace tasa. Ya ɗaga murya yadda za ta ratsa bango:

"Ko Rakiya yana nan? Ba sai ya fito ba. Ni kunne nake nema, ba ido ba."

Aka tura mata takardun ta ƙarƙashin ƙofa. Ranar farko da ƙyar ake jin ta. Shi kuwa sai ya dafa kunne ya ce shi tsoho ne, a ƙara. Ta ƙara. Ya ce har yanzu sauro ya fi ta. Na ji ta yi wata 'yar dariya, na ajiye awon da ke hannuna na fita baranda don kada a ga idona. Haka suka yi ta yi kullum da hantsi, yana koya mata yadda ake ɗauko murya daga ciki, yadda ake tsayawa a bar shiru ya yi aikinsa. Ƙofa ta fara buɗewa kaɗan, daga baya aka sa mata kujera a bakin ƙofar. Ranar da Ustaza Mona ta zo duba haddarsa, ta tsaya a ƙasan matakala tana saurare, da ta hau sai ta ce ta daina neman jika, ta samu.

Na yi kwanaki ina juya maganar. 'Yar malami a fim, ai kun san yadda kunnenmu yake jin wannan. Amma na dubi Rakiya na ga karon farko tana son wani abu. Na kafa sharaɗi: da hijabinta, da Innarku a gefenta, babu namijin da zai taɓa ta. Ustaza Mona ta ce tamam, ta amince. Rakiya ta ce ita ma tana da nata sharaɗin, ba za ta tsaya gaban kyamara ba sai da Baba Ras.

Ana gab da fara ɗauka sai gashi ya kawo cikas. Malamin ƙasar Hausa ba ya yawo da dada. Masu kayan fim suka gwada hula, ta ƙi zama. Suka gwada naɗin Sudan, gashin ya leƙo ta ƙeya, ya tura naɗin gefe kamar tulu a kan gammon da bai daidaita ba. Mai ba da kuɗin fim ya ce khalas, magana ta ƙare, ko a aske ko a canja mutum, kuma wanda yake da shi a hannu wani Bamisre ne da za a shafa wa baƙin fenti. Ustaza Mona ta yi ta cewa ma'alish, a yi haƙuri, amma kayan aikin aro ne, lokaci na tafiya. Ku fahimci abu ɗaya: gashin nan ba ado ba ne a wurinsa. Alkawari ne tsakaninsa da Ubangiji yadda ya fahimce Shi, tun yana saurayi aska ba ta hau kansa ba. Ya ƙi manyan ayyuka saboda shi. Da Rakiya ta ji, sai ta ɗauke kujerarta daga bakin ƙofa ta mayar ciki.

Washegari bayan azahar Baba Ras ya shigo shagona da ke ƙasan beninmu. Bai yi barkwancin da ya saba ba. Ya zauna a bencin masu jiran ɗinki, ya cire hular saƙarsa, gashin ya zubo.

"Malam, ara mini almakashinka. Babban."

Na ce, "Ka yi me da shi?"

Ya ce, "Ka sani. Ba na so wanzamin titi ya yi. In za a yi, a yi a gidan mutunci."

Na ce, "Alkawarin fa?"

Ya shafa gashin. Sannan ya ce, "Yarinya ya fito har bakin ƙofa, Malam. In ya koma, ba zai sake fitowa ba. Ni na tsufa. Ubangiji zai gane."

Ni mutum ne da ya san nauyin alkawari, ko ba irin nawa ba ne, kuma ga mutumin da ba danginmu ba, ba addininmu ba, zai yanke abin da ya fi ƙauna saboda 'yata. Na ji kunya, na ji ƙaunarsa, duka a lokaci ɗaya. A kan kantar shagon akwai farar harsar rawani sabuwa da na tanada don walimar wani ɗalibi. Na san abin da nake shirin yi, na kuma san za a gani, don fim ba a ɗaki ake ɓoye shi ba. Na mayar da almakashi cikin aljihun tebur na ce ya gyara zama.

Masu kayan fim ba su san naɗinmu ba, ba laifinsu ba ne. Nasu yana tsayawa a saman kai, namu yana saukowa ya rufe kunne da ƙeya, ya zagayo ƙarƙashin haɓa. Na raba gashin biyu, na murɗa shi na kwantar a kansa ya zama shi ne hular. Ragowar na saukar ta bayan wuya, amawali ya haɗiye shi. Na yi ta zagayawa ina ja, ina gyara goshi, har na soke bakin. Da na ja baya na dube shi, wallahi sai da gabana ya faɗi. Wani dattijon malami na gani zaune a shagona, irin waɗanda muke durƙusa wa a zaure. Na miƙa masa madubi. Ya duba, ya sake dubawa, ya ce:

"Kai! Ashe haka nake da kyau ba a gaya mini ba."

Muka yi dariya har da hawaye, kuma ba duka hawayen ne na dariya ba. Ya hau sama da rawaninsa ya tsaya a ƙofarmu ya yi sallama. Innarku ta leƙo ta fara gaishe shi da ladabi tana neman mayafi, sai da ya ce, "Uwargida bai gane ni ba?" ta saki salati. Rakiya ta fito ganin abin da ya sa uwarta ihu. Ba ta koma ba.

Duk ranar ɗauka ni nake zuwa in naɗa, don ba wanda ya iya. Ba a gama fim ɗin ba labari ya kai kunnen jama'armu. Malam Habu, babban dattijonmu, wanda muka yi karatu tare, ya zo shago da kansa. Mutumin kirki ne, kada ku ji an zage shi ku yi shiru. Ya ce:

"Malam Sabo, rawanin nan yaranmu shekaru suke wahala kafin ya hau kansu. Ka ɗauka ka ɗora wa wanda ba ya salla, don wasa. Gobe da wane ido ɗalibi zai zauna a gabanka?"

Na ce masa maganarsa tana da nauyi, kuma ban ce na fi shi sani ba. Na ce mutumin nan malami zai nuna, da mutunci, ba izgili ba, kuma in ban naɗa ba fenti za a shafa wa wani a kira shi mu. Na gaya masa zancen almakashi. Ya ce Allah Ya ba yarinya lafiya, amma shi ba zai iya hana mutane abin da suka gani ba. Walimar da ta biyo baya aka gayyace ni cin shinkafa kawai. Da aka zo naɗi sai na ji an kira wani suna. Na zauna ina kallon yaron da aka kira yana yi, naɗin ya karkace hagu, hannuna yana ƙaiƙayi. Ba a sake kirana ba har na bar Masar. Ɗinkin ɗalibai ma ya ja baya, sai Sudanawa da mutanen Habasha suka riƙe shagon. Ya yi mini ciwo, har yau in na tuna yana yi. Amma ko a ranar ban ce da na sani ba.

An nuna fim ɗin a wani ƙaramin zaure a Wustul Balad. Ba wani shahara ya yi ba, kada a ruɗe ku. Amma na ga fuskar 'yata ta cika bango, da launinta na ainihi da ya dawo, Misrawa cike da zaure sun yi tsit suna saurarenta. Da aka kunna fitila suka tashi suna tafi. Baba Ras ya hau dandamali da gashinsa a sake, mutane suka yi ta waige suna neman malamin. A hanyar komawa, a cikin jirgin ƙasa na metro, wasu samari suka fara abin da suka saba. Kafin in yi motsi Rakiya ta juya, da muryar nan da aka ɗauko daga ciki, ta ce musu da Larabcin unguwa sunanta Rakiya, 'yar Ainu Shams ce, in suna da magana su faɗa da ƙarfi kowa ya ji. Wata tsohuwa ta ce musu ayb, abin kunya, ta matsa ta ba ta wuri. Baba Ras ya sunkuyo ya ce mini a kunne, "Malam, ni na gama aiki."

Bai gama ba tukuna. Ya samu wani ɗaki a Hadayek el-Maadi, inda baƙin haure suka fi yawa, yana tara 'ya'yansu duk Asabar, na Sudan, na Habasha, na Somaliya, da namu, yana koya musu wasa. Rakiya ta koma makaranta, Asabar kuma tana taya shi. A shekara ta dubu biyu da goma sha biyar ya ce ƙafarsa ta fara nauyi, in bai ƙarasa tafiyar da ya faro ba yanzu, ba zai ƙarasa ba. Abokan aikinsa suka haɗa masa tikiti. Ya isa Habasha, ya kira mu yana ihu a waya wai ƙasar ta fi yadda ya zata sanyi. Bai cika shekara a can ba ya rasu, da gashinsa cikakke. Masu cewa ya musulunta a hannuna, don su gyara mini suna, su daina. Ban ji ba, ban gani ba. Ya tafi ga Ubangijin da ya fi ni sanin zuciyarsa, ni dai alheri na sani a gare shi.

Labarin rasuwar ya iso mana ranar Juma'a. Rakiya ta shiga ɗaki ta rufe, muna jin kukanta. Ni da Innarku muka dubi juna, muna tsoron kada ta sake kulle kanta kamar da. Da safe ina shan shayi sai ga ta ta fito da hijabinta, ido a kumbure, ta ce yau Asabar, yara suna jira, in ba ni da aiki in zo mu je. Na rufe shago na bi ta. Ɗakin cike yake da yara, baƙaƙe ƙirin kamar mu, suna hayaniya da harsuna iri-iri. Ta gaya musu Ammu Rasta ya rasu, ta bar su suka yi kukansu. Sannan ta tafa hannu ta ce yalla, a tashi, wasan da ya bar musu za a yi shi, kuma za a yi shi da kaya masu kyau. Wata 'yar ƙarama ta nuna ni ta ce wane ne wannan tsohon.

Rakiya ta ce, "Babana ne. Shi ne telanmu."

Ban san na karɓi aikin ba sai da na ga sun yi layi. Na laluba aljihu, igiyar awo tana nan inda take kullum. Na durƙusa na fara da mafi ƙanƙantarsu.